Abinci da abin sha na mutanen Maya a Gwatamala: yadda al'umma ta rayu a kan masara

Wata malama mai koyar da darasin abinci da gina jiki a makarantar sakandare ta aiko da tambaya. Ta ce ta ji labarin cewa mutanen Maya na ƙasar Gwatamala masara ce cimarsu safe da rana da dare, har abin shansu ma daga masara ake yi. Tana so ta san ko haka ne, mene ne sauran abincinsu na gargajiya, kuma yaya aka yi al'umma ta rayu dubban shekaru a kan masara, alhali littafin da take koyarwa da shi ya ce dogaro da masara kaɗai yana jawo cuta.

Malama, abin da kika ji gaskiya ne, abin da littafinki ya faɗa shi ma gaskiya ne. Abin da ya sasanta maganganun biyu wani aiki ne guda ɗaya da matan Maya suke yi wa masara kafin su niƙa ta, wanda sauran duniya ba ta ɗauka ba lokacin da ta karɓi irin masara daga hannunsu. A kan wannan aikin zan fi tsayawa, domin duk wanda bai fahimce shi ba, ko ya haddace sunayen girke-girken ƙasar gaba ɗaya, bai fahimci abincinta ba.

Gwatamala tana Amurka ta Tsakiya, kudu da Meziko, tana kuma iyaka da Belize da Honduras da El Salvador. A ƙidayar 2018 an lissafa mutane kusan miliyan 15, kuma kimanin kashi 42 cikin ɗari sun bayyana kansu a matsayin 'yan Maya. Harsunansu sun haura ashirin, manya daga ciki su ne K'iche' da Q'eqchi' da Kaqchikel da Mam, kuma akasarin mutanen suna zaune ne a kan tuddai masu sanyi na yammaci da tsakiyar ƙasar. A harshen K'iche' da na Kaqchikel sunan masara ixim, daga nan ne aka sami Iximulew, wato ƙasar masara, sunan da 'yan Maya da dama suke kiran ƙasarsu da shi a yau. A littafin Popol Vuh, wanda 'yan K'iche' suka rubuta a tsakiyar ƙarni na 16, an kawo labarin gargajiyarsu cewa an gwada yin mutum da laka bai tsaya ba, aka gwada da itace ya fito ba shi da zuciya, sai da aka kwaɓa ƙullun farar masara da rawaya sannan aka sami mutum. Wannan imaninsu ne na da, amma ya isa ya nuna miki matsayin masara a wurinsu. Har yau dattijai ba sa barin ƙwayar masara a ƙasa a taka ta, kuma ƙasar ta keɓe ranar 13 ga Agusta a matsayin ranar masara.

Masara ta samo asali ne daga wata ciyawa mai suna teosinte, wadda manoman kudancin Meziko suka fara zaɓen irinta kimanin shekaru 9,000 da suka wuce. Manomin Maya ba ya shuka ta ita kaɗai. Gonarsa, wadda ake kira milpa, tana haɗa masara da wake da kabewa a wuri ɗaya: karan masara ya zama sandar da wake zai hau, saiwar wake ta ƙara wa ƙasa taki, faffaɗan ganyen kabewa kuma ya rufe ƙasa ya riƙe laima ya danne ciyawa. Manominmu da ke haɗa gero da wake a kunya ɗaya ba ya buƙatar a yi masa dogon bayani a kan hikimar wannan. A kwanon abinci ma haɗin yana da amfani, domin furotin ɗin masara yana da ƙarancin sinadarin laisin, wake kuma yana da shi da yawa, 'ya'yan kabewa su kawo mai. Wannan shi ne rabin amsar tambayarki: ba masara kaɗai suke ci ba, kullum tana tafe da baƙin wake, ko dai dafaffe da romonsa, ko a markaɗe, ko a tuƙe shi har ya yi kauri a yanka kamar alala.

Ɗaya rabin, wanda ya fi muhimmanci, shi ne nikstamal. Kalmar daga harshen Nahuatl na Meziko take, ta haɗa toka da ƙullu. Da yamma uwargida za ta zuba busasshiyar masara ƙwaya-ƙwaya a tukunya, ta sa ruwa, ta jefa ɗan farar ƙasa, irin wadda ake samu idan an ƙona dutsenta aka jiƙa, ta ɗora a wuta har ɓawon ƙwayar ya fara saɓulewa idan an murza tsakanin yatsu. Daga nan sai ta sauke, ta bar masarar ta kwana a cikin ruwan. Da asuba ta tsiyaye ruwan da ya zama rawaya, ta wanke masarar sau biyu ko uku tana cuɗawa, sannan ta kai injin niƙa na unguwa, ko ta niƙa a dutsen niƙa kamar yadda kakanninta suka yi. Abin da ke fitowa ba gari ba ne, jiƙaƙƙen ƙullu ne mai laushi da danƙo da wani ƙamshi nasa na daban. Inda babu farar ƙasa, da ruwan toka ake yi. Wasu daga cikin tsofaffin kayan aikin da masu tonon tarihi suka danganta da wannan dahuwa a gaɓar kudancin Gwatamala aka same su, kuma shekarunsu sun haura 3,000.

Ga abin da ke faruwa a cikin tukunyar. Masara tana ɗauke da sinadarin niyasin, ɗaya daga cikin bitamin na rukunin B, amma yana ɗaure da wasu sinadarai ta yadda hanjin mutum ba ya iya tsotsar mafi yawansa. Ruwan farar ƙasa ko na toka yana kwance wannan ɗaurin. Na biyu, kalsiyam ɗin da ke cikin farar ƙasar yana shiga ƙwayar, har adadinsa ya ninka sau da yawa, kuma wannan babban al'amari ne ga al'ummar da ba ta san nonon saniya ba kafin zuwan Turawa. Na uku, ɓawon da ke narkewa ya tafi da ruwan wanki yana tafiya da wani kaso mai yawa na dafin funfuna, irin su afalatoksin, wanda ke kama masarar da ba ta bushe da kyau ba. Na huɗu kuwa shi ne wanda mai girki take gani da idonta: ƙullun yana haɗe jikinsa. Ki kwaɓa garin masara na yau da kullum da ruwa ki yi ƙoƙarin faɗaɗa shi a tafin hannu, zai tsattsage ya warwatse. Ƙullun nikstamal kuwa yana miƙewa, yana lanƙwasuwa, yana kumbura a kan wuta.

Bayan Sifaniyawa sun ci ƙasar da yaƙi, wanda Pedro de Alvarado ya fara a 1524, masara ta bazu zuwa Turai da Afirka da Asiya, amma ba a tafi da ilimin dafa ta ba. Turawa suna da injinan niƙan alkama, sai suka ga babu dalilin ɓata lokaci da jiƙo da farar ƙasa. Sakamakon haka shi ne cutar da littafinki yake nufi, wato pelagra: fata ta yi baƙi ta daddare a duk inda rana ke bugu, gudawa ta ƙi tsayawa, daga baya hankali ya gushe. Likita Gaspar Casal ya bayyana ta a 1735 a tsakanin talakawan Asturiyas a Sifen, ta addabi manoman arewacin Italiya fiye da shekara ɗari, a jihohin kudancin ƙasar Amurka kuma ta kama kimanin mutum miliyan 3 tsakanin 1906 da 1940, ta kashe kusan 100,000. Joseph Goldberger ya nuna cewa daga abinci take ba daga ƙwayar cuta ba, amma sai a 1937 Conrad Elvehjem ya gano cewa niyasin ne maganinta. Ko a kusa-kusan nan, a 1990, ta ɓarke a sansanonin 'yan gudun hijirar Mozambik a Malawi, inda garin masara ne kusan duk abin da ake raba musu. Abin da ya fi taɓa ni a wannan tarihi shi ne, duk tsawon ƙarnukan da likitoci suke neman bakin zaren, maganin yana cikin tukunyar matar da ba wanda ya ga ta isa a tambaye ta.

Daga ƙullun nikstamal ake yin tortiya, wadda ita ce tuwonsu kuma ita ce cokalinsu. Mace za ta gutsuri ƙullu kamar girman ƙwan kaza, ta yi ta tafa shi tsakanin hannuwanta har ya zama faifai, ta shimfiɗa a kan komal, wani faffaɗan kasko na yumɓu ko na ƙarfe, ba mai ko ɗigo. Ta Gwatamala ta fi ta Meziko ƙanƙanta da kauri, kuma launinta yana bin launin masarar, fara ko rawaya ko baƙa mai shuɗi-shuɗi. A birane akwai ƙananan shaguna da ke gasa ta sau uku a yini, lokacin kowane cin abinci, domin ba a son wadda ta huce, kuma yawancin masu wannan aiki 'yan matan Maya ne da suka baro ƙauye, suna tsaye gaban wuta tun asuba a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba.

Sai dai tortiya ba ita ce mafi tsufa ba. A zanen tukwane da rubutun mutanen Maya na zamanin manyan biranensu irin su Tikal, tsakanin shekara ta 250 da ta 900, abin da ake gani a akushin sarakuna shi ne tamal, wanda suke rubutawa da kalmar waaj. Tamal ƙullu ne da ake naɗewa a ganye a turara, kusan yadda ake ƙulla alala a ganye. Ire-irensa a Gwatamala suna da yawa ƙwarai. Akwai jan tamal, mai laushi kamar tuwon da bai gama daskarewa ba, da jar miya da yankan nama da zaitun a tsakiya, a naɗe da ganyen ayaba da na wata shuka mai suna maxán. Ranar Asabar ake yin sa, kuma gidan da ke sayarwa yakan rataye jar fitila a ƙofa. Akwai baƙin tamal mai zaƙi, wanda ake sa wa cakulan da busasshen inabi, na daren Kirsimeti. Chuchito ƙarami ne mai tauri, a ɓawon masara ake ƙulla shi. A Quetzaltenango ana yin paches da dankalin Turawa maimakon masara, ranar Alhamis. Mutanen Ixil na yankin Nebaj kuwa suna naɗe ƙullun a ɗanyen ganyen wata shuka mai yaɗo dangin kabewa, su dafa, a ci har da ganyen, su kira shi boxbol.

Yanzu sai miya, wadda suke kira recado, kuma a nan ne hannun mai girki yake bayyana. Kafin zuwan Sifaniyawa mutanen Maya ba su da shanu ko tumaki ko aladu ko kaji. Namansu talotalo ne da barewa da kifi da sauran namun dawa, ba su kuma da wadataccen man suya. Saboda haka girkinsu bai ginu a kan suya ba, ya ginu a kan gashi da niƙa. Inda mu za mu soya kayan miya a mai, ita mai girkin Maya za ta jera tumatir da albasa da tafarnuwa da busasshen barkono a kan busasshen komal har su yi tabon ƙuna, ta gasa 'ya'yan kabewa da riɗi dabam har su fara tsalle, sannan ta niƙe su duka ta zuba a romon nama. Kaurin miyar daga 'ya'yan kabewar yake zuwa, kamar yadda agushi ke yi, wani lokaci a ƙara da gasasshiyar tortiya. Wannan ita ce pepián, miyar da ake dangantawa da 'yan Kaqchikel na Chimaltenango, wadda ba a ɗaurin aure ko wani babban taro ba tare da ita ba. Launinta ruwan ƙasa ne mai duhu, ɗanɗanonta na hayaƙi da gasasshen iri ne, ba ta da yaji sosai, kuma akan sa mata kaza da dankali da karas da koren wake. Idan kika duba kayan haɗinta za ki ga tarihin ƙasar a ciki, domin tumatir da barkono da kabewa 'yan gida ne, albasa da tafarnuwa da kirfa da riɗi kuwa jirgin ruwa ne ya kawo su.

Jocón, wadda ake furtawa hokon, koriyar miya ce ta yankin Huehuetenango, ana yin ta da ganyen albasa da ganyen koriyanda da miltomate, wani ɗan ƙaramin koren ɗan itace mai tsami da ke cikin riga kamar takarda. Kaq'ik kuwa ta 'yan Q'eqchi' ce na Cobán, sunanta yana nufin ja da barkono, kuma a ganina ita ce ta fi kusa da abin da kakanninsu suka ci. Romon talotalo ne da aka rina da achiote, 'ya'yan wata bishiya masu ba da launi ja kamar manja amma ba maiƙo, aka sa masa na'ana'a da wani ganye mai ƙamshi da suke kira samat, da ɗan ƙaramin barkonon Cobán da ake busarwa a hayaƙi. Akan kawo wa baƙo ƙafar talotalo guda a kwano, da farin tamal marar komai a ciki don dangwala romo. A 2007 gwamnatin ƙasar ta sanya waɗannan miya uku cikin kayan gadon al'adun ƙasa, tare da soyayyar agada da ake dafawa a miyar cakulan da riɗi da kirfa. Akwai kuma subanik na San Martín Jilotepeque, inda ake shimfiɗa ganyen maxán a tukunya, a zuba nama iri uku da jar miya, a ɗaure bakin ganyen kamar ƙunshi a turara.

Kada wannan ya sa ki ɗauka kullum nama ake ci. Waɗannan abincin biki ne. Abincin yau da gobe a ƙauye shi ne tortiya da wake da barkono da ganye, kuma ganyayen suna da yawa: chipilín, wanda ake kwaɓawa cikin ƙullun tamal, da macuy da ake yin romo da shi, da bledo wanda ɗan'uwan alayyafonmu ne, har da furannin wasu itatuwa da ake tsomawa a ƙwai a soya. Fiya kuma, wadda asalinta daga wannan yankin take, tana nan a kowace kasuwa.

Game da abin sha, abin da kika ji daidai ne. Atol kunu ne, kuma duk wanda ya san kunu ya san shi. Farin atol ana dama shi da ƙullun nikstamal, ba sukari, a zuba a ƙoƙo ko kwano, a barbaɗa gishiri da barkono da 'yan ƙwayoyin dafaffen wake, a sha da safe a bakin kasuwa. Atol na ɗanyar masara mai zaƙi ne, da madara da kirfa, na yamma. Pinol kuma da garin gasasshiyar masara ake yi. A yankunan Maya masu zafi, irin su Petén da Yukatan ta Meziko, manomi yakan tafi gona da curin ƙullu mai ɗan tsami a ƙunshe a ganye, idan rana ta take ya dama da ruwa a ƙwarya ya sha, wanda ba shi da maraba da yadda ake tafiya da dawon fura.

Abin shan girma kuwa shi ne koko, ba kokon gero da muke sha da ƙosai ba, na bishiya wanda ake yin cakulan da shi. Asalin bishiyar daga dazuzzukan Amazon take, amma mutanen Maya ne suka bar mana rubutu a kanta. A 1984 an tono wani kabari na ƙarni na 5 a Río Azul, arewa maso gabashin Petén, aka sami wata tukunya mai murfi da rubutu a jikinta. Masani David Stuart ya karanta kalmar kakaw a rubutun, da aka gwada busasshen abin da ya rage a ciki kuma aka tarar da sinadaran koko. Ba da sukari suke sha ba, domin rake bai iso ba tukuna. Suna niƙa gasassun 'ya'yan, su dama da ruwa, su sa barkono ko zuma ko achiote ko garin masara. Kumfar ita ce abin so, kuma a jikin wata tukunya an zana mace tana tsiyayo shi daga sama zuwa wani mazubi a ƙasa, kamar yadda mai shayi yake yi. 'Ya'yan koko sun yi aikin kuɗi a kasuwanninsu kamar yadda wuri ya yi a namu. A 1544 wasu manyan 'yan Q'eqchi' da limaman Kirista suka kai fadar Yarima Filibus na Sifen sun tafi masa da damammen koko cikin tsarabarsu, kuma wannan shi ne zuwan cakulan Turai na farko da aka samu a rubuce. Har yau a Alta Verapaz, lardin 'yan Q'eqchi', da koko ake tarbar baƙo mai daraja, da shi ake zuwa neman aure, matsayin da goro yake da shi a wurinmu. Abin sha'awa kuma, a ilimin tsirrai bishiyar goro da ta koko dangi ɗaya ne. A yau mafi yawan kokon duniya daga Kwaddebuwa da Gana yake fitowa.

Hanyar ba ɗaya ba ce, mu ma an karɓa daga wajenmu. Jan abin sha mai sanyi da ake sayarwa a ko'ina a Gwatamala da sunan rosa de Jamaica zoɓo ne, ba wani abu ba. Suna jiƙa tsamiya su sha da sukari. Horchata tasu da shinkafa da kirfa ake yi, amma sunan daga Balensiya ta Sifen ya zo, inda har gobe da aya ake yin ta, wato kunun aya. Abin zaƙinsu na gargajiya, panela, mazarƙwaila ce. A gaɓar tekun Karibiyan kuma, a garin Livingston, akwai 'yan Garifuna, jikokin 'yan Afirka da 'yan asalin tsibirin Saint Vincent waɗanda Ingila ta kora a 1797. Abincinsu ya bambanta da na Maya gaba ɗaya, domin a kan rogo da kwakwa da kifi ya ginu, kuma fitaccen girkinsu, tapado, romon kifi da jatan lande ne da agada a cikin madarar kwakwa.

Akwai abin da ya wajaba in faɗa saboda Musulmin da zai je ƙasar ko zai gwada girkinta. Tun da Sifaniyawa suka kawo alade, kitsensa, wanda ake kira manteca, ya shiga ƙullun tamal da tuƙaƙƙen wake a gidaje da yawa, ko da naman da ke ciki na kaza ne, saboda haka sai an tambaya. Fiambre, haɗin kayan lambu da nama mai sanyi da ake ci ranar 1 ga Nuwamba don tunawa da mamata, wanda kayan haɗinsa kan kai hamsin, cike yake da tsiran alade. Daga cikin abin sha kuma boj na ruwan rake da chicha da cusha duk masu sa maye ne. Tortiya ita kam masara ce da ruwa da farar ƙasa kawai.

Zan yi miki rashin adalci idan na bar ki da tunanin cewa wannan ilimi ya wadatar da mutanensa a yau. Binciken lafiyar uwa da yaro na ƙasar na 2014 zuwa 2015 ya nuna kashi 46.5 cikin ɗari na yara 'yan ƙasa da shekara 5 sun tsumbure, a lardin Totonicapán, inda kusan kowa ɗan K'iche' ne, adadin ya kai kashi 70. Laifin ba na nikstamal ba ne. Bayan sauyin mulkin 1871, gwamnatin Justo Rufino Barrios ta mayar da filayen al'umma gonakin kofi, ta tilasta wa 'yan Maya aiki a cikinsu, sannan yaƙin basasar 1960 zuwa 1996 ya tarwatsa ƙauyuka da gonaki masu yawa a kan tuddai. Ƙasar tana fitar da kofi mai tsada daga Antigua da Huehuetenango, tana kuma kan gaba a duniya wajen fitar da kadamon, ƙamshin da Larabawa ke kira hel, wanda alhazanmu suke ji a gahawar Saudiyya, amma iyalin da gonarsu ba ta isa ta ba su wake na shekara ba, tortiya da gishiri za su ci. Nikstamal yana hana pelagra, ba ya maye gurbin wake da ƙwai da tsabtataccen ruwa. Wannan matsalar ce ta sa masanin abinci Ricardo Bressani da abokan aikinsa a cibiyar binciken abinci ta Amurka ta Tsakiya, INCAP, suka haɗa garin Incaparina a ƙarshen shekarun 1950, masara da garin irin auduga da bitamin, daga baya aka koma waken suya, kuma dabarar da ta sa ya karɓu ita ce sun yi shi a siffar atol, abin da kowace uwa ta riga ta iya damawa.

Idan kina so ɗalibanki su gani da idonsu, gwajin ba shi da wuya. Ki sami masara kilo 1 wadda ba a surfa ba, mai tsabta marar funfuna, da ruwa lita 3, da farar ƙasa giram 10. Lallai ta zama irin wadda aka tace don abinci, wadda a ɗakin gwaje-gwaje ake kira kalsiyam haidiroksaid, ba ta gini ko ta shafen bango ba, domin waɗannan suna iya ɗauke da ƙarafa masu guba. Idan ba ta samu ba, tataccen ruwan tokar itace mai tsabta zai yi. Kanwa ma tana saɓule ɓawon, sai dai ba ta ƙara kalsiyam, kuma ɗanɗanon ba zai zo ɗaya ba. A yi amfani da tukunyar ƙasa ko ta ƙarfen da ba ya tsatsa, domin ruwan yana cin alminiyam. A dafa a wuta marar ƙarfi minti 30 zuwa 45, har ɓawon ya saɓule amma cikin ƙwayar yana da sauran tauri, a rufe a bari ya kwana awa 8 zuwa 12, a wanke sosai, a markaɗa da ɗan ruwa kaɗan yadda ƙullun zai tsaya a hannu. Ki sa ɗalibai su kwaɓa garin masara na kasuwa a gefe, su faɗaɗa kowanne a tafin hannu su gasa a busasshen kasko mai zafi. Idan ƙullun ya yi rawaya sosai yana ɗaci, farar ƙasar ta yi yawa ko wankin bai isa ba. Idan yana manne wa hannu kamar tuwo, dahuwar ta zarce. Wanda ya yi daidai, bayan an juya shi sau biyu, zai kumbura a tsakiya ya cika da tururi.